Kwanon Bado a Ranar Suna

Jikata ta fari sunan mahaifiyata ta ci. Saboda haka ni ba na iya kiran sunan, ɗiyata da ta haife ta ma ba ta iyawa. A wajenmu mutum ba ya buɗe baki ya kira sunan uwa ko na kaka gatsau, kamar mai kiran 'yar tallan ruwa. In aka yi wa tsohuwa takwara, sai a nema wa jaririyar sunan kira, a yi ta kiranta da shi har ya danne na yanka. Kuma wadda aka ɗauko sunan uwarta ita ake tambaya, don ita ta san abin da ya dace da mamaciyar. Wato ni ke nan. A duk gidan surukan ɗiyata, wannan kaɗai ne abin da na san ba wanda zai riga ni, kuma na zaɓa tun cikin bai fi wata biyar ba. Bado nake so a riƙa kiranta.

Yaran da aka haifa a nan Abijan ba su san bado ba. Tsiro ne na tabki, ganyensa faffaɗa kamar faifai yana kwance a kan ruwa, furensa fari tas, tsakiyarsa rawaya. Da sanyin safiya za ka tarar ya buɗe, kafin rana ta take ya rufe. A garinmu, can kudu da Maraɗi, akwai babban tabki bayan gonaki, wanda ba ya ƙafewa sai rani ya yi nisa ƙwarai. Bado ya rufe rabinsa.

Wata shekara, lokacin haƙorana na gaba sun gama fitowa, fara ta sauka a kan gero ya fara ido. Kwana biyu ta yi, ta tashi ta bar mana kara. Mahaifinmu ya ɗauki sanda ya yi kudu neman abin da zai aiko, shiru kake ji. Mu huɗu ne a gaban Inna, ni ce babba. Da ɗan abin da ke rumbu ya ƙare aka ci dusa, aka ci tafasa. Sai wata safiya ta ɗaura zane a ƙirji, ta ɗauki babbar ƙwarya, ta ce in goya ƙanwata in biyo ta.

Ta shiga ruwan har ya kai mata ƙirji, tana tura ƙwaryar a gabanta. Ni ina bakin tabki na hango wani fure kusa, na shiga iya gwiwa na tsinko, na ɗaga mata ina murna. Ko kallon kirki ba ta yi masa ba.

"Yar da shi," ta ce. "Wanda ya buɗe na masu kallo ne. Ki bi kara da hannu, ki lalubo wanda ya sunkuya ya nitse. Shi ne namu."

Ashe haka bado yake. In furen ya gama yayinsa, sai karan ya lanƙwashe ya ja shi ƙarƙashin ruwa, can kusa da laka ya zama ɗa, dunƙule kamar gauta, cike da ƙananan ƙwayoyi masu yauƙi. Su Inna ke lalube da hannu da yatsun ƙafa. A tara su bayan ɗaki a rufe da ganye har ɓawon ya ruɓe, a wanke, a shanya, a daka, a sheƙe, sannan a turara kamar dambu. Saiwar kuma a binne ta cikin toka mai zafi. Warin dambun kamar gindin randar da aka daɗe ba a wanke ba. In ta fito daga ruwan, aikina ne in cire mata matsattsaku daga ƙauri da bayan gwiwa. Sai na barbaɗa musu toka su saki, jini ya yi ta bin ƙafar har dunduniya.

Inna ba ta cewa za ta je tabki. Cewa take, "Bari in leƙa rumbu." Rumbun ƙasan ruwa, in ji ta, wanda fara ba ta san ƙofarsa ba. Tun daga kaka har zafi ya shigo, kullum tana cikinsa. A shekarar nan kusan kowane gida a unguwarmu sai da ya binne yaro. Ita ba ta binne ko ɗaya ba. Amma ruwan ya shige ta: tari ya kama ta, ta dinga fitsarin jini, ciki ya kumbura. Damina ɗaya ta ƙara gani, ta biyun ba da ita ba.

Da na girma aka kawo ni unguwar Ajame a nan Abijan, gidan miji, mutumin kirki mai sayar da albasa kusa da babbar tashar mota, Allah ya ji ƙansa. Gidan haya ne mai ɗaki goma sha, famfo ɗaya a tsakar gida, kowa 'yan ƙasarmu. Kwanana uku da zuwa, muna layin ɗibar ruwa, wata mata ta tambaye ni garinmu. Na faɗa. Ta buga cinya.

"Af! Ku ne masu cin hatsin kwaɗi?"

Tsakar gida ta ɗauki dariya. Ranar na fara jin wannan sunan. Ashe abin da Inna ke kira rumbu, a bakin waɗanda suka ƙoshi hatsin kwaɗi ne. Ni ma na yi dariyar. Na ce ai ba unguwarmu ba ce, mutanen bakin ruwa ne. Daga ranar na rufe bakina da maganar bado. Na haifi 'ya'ya biyar a gidan nan, na ba su labarin kura da gizo, na ba su labarin rumbunan kakansu, har na ƙara musu yawa da girma. Ban taɓa ba su labarin tabki ba.

Ɗiyar tawa ita ce ta uku, ita ce kuma ta yi nisa a lakwal, wato makarantar boko. Hausarta in ta yi tsawo sai ta zame ta faɗa Faransanci. Ta auri ɗan wani babban gida a Aras, can unguwar Tireshbil, 'yan kasuwar atamfa, waɗanda kakansu ya sauka Abijan tun Turawa na mulki. Uwar mijin, Hajiya, ba muguwa ba ce, kada in ɗauki alhakinta. Tana da kyauta. Sai dai tana da wata magana da ba ta gajiya da ita: "Gidanmu, tun kaka da kakanni, ba a taɓa kife tukunya ba." Ɗiyata ta sha faɗa mini yadda take taka-tsantsan a gidan, yadda dangin miji ke lura da abin da 'yar Ajame ta iya da abin da ba ta iya ba.

Mijin nata ne da kansa ya zo ya durƙusa a ƙofar ɗakina, bayan likita ta duba ta ce mace ce, ya ce in Allah ya sauke ta lafiya sunan mahaifiyata zai sa. Na sa masa albarka. Da ya tafi na zauna a bakin gado na daɗe. Shekara talatin da wani abu ina ɓoye matar nan, ga shi Allah zai dawo mini da ita cikin zanen goyo. Na ce wannan karon ba zan ɓoye ta ba.

Akwai wata mata da ke zirga-zirga tsakanin Maraɗi da tashar Ajame, tana kawo kuka da kilishi da busasshen zogale. Na same ta tana kwance kaya a gindin mota, 'yan dako na ta ihu a kanmu. Na ja ta gefe na ce ta gaya wa ƙanwata, wadda har yau tana garin, ta samo mini 'ya'yan bado ko tiya biyu ne.

"Bado?" Ta dube ni sama da ƙasa. "Yaya, yunwa aka yi a Abijan ba mu ji ba?"

"Sha'awa ce kawai."

"To, Allah ya raba mu da irin wannan sha'awa."

Sai da aka yi wata biyu saƙon ya iso, cikin ɗan buhun gishiri an ɗinke bakinsa da zare. Ƙanwata ta aiko da murya ta waya: ba yaron da ya yarda ya shiga, ita da kanta ta shiga da ciwon gwiwarta, mutane na tsaye suna kallo suna tambayar ko lafiya. A ƙarshen saƙon ta ce, "Yaya, ruwan har yanzu sanyinsa na nan." Ita ce wadda nake goye da ita a bakin tabki.

Aka haihu ranar Laraba. Bisa al'ada, haihuwar fari gida ake dawowa wanka, amma Hajiya ta ce ina za a sa maijego a ɗaki ɗaya da famfon haɗaka. Gaskiyarta ce. Sai ni na riƙa zuwa. Kullum da safe in fito tashar Roksi in shiga woro-woro, tasin haɗaka, mu bi ta tsakiyar gari mu hau gada. Daga kan gadar ana ganin wani koren tsiro yana yawo a kan ruwa, tuli-tuli. Ranar farko na ɗauka shi ne, na leƙa da kyau. Ba bado ba ne. Shi wannan ba shi da saiwa a ƙasa, inda ruwa ya tura shi nan yake zuwa.

A rana ta huɗu, na gama yi mata wanka da ruwan zafi da ganyen darbejiya, tana zaune a kan kujera 'yar tsugunne tururi na tashi daga bayanta, ina gasa mata kafaɗu da tawul. Ba ta kallona, shi ya sa na iya. Na faɗa mata duka: fara, da ƙwarya, da matsattsaku, da rumbu. Ban rage komai ba sai dariyar tsakar gida.

Ta yi kuka sosai. "Mama, me ya sa ba ki taɓa faɗa mana ba?"

"Ga shi na faɗa."

"Yaya furen yake? Kwatanta mini."

Na kwatanta. Ta jawo wayarta da jiƙaƙƙen hannu, ta taɓa ta taɓa, ta juyo mini da ita. Ga shi kuwa, fari, a kwance kan ganyensa, kamar yanzu zan miƙa hannu Inna ta ce in yar.

"Nenufar ne! Mama, lotus! Kin san wannan furen duniya duka ta san shi?"

Ta yi ta karanto mini tana fassarawa. Wai a ƙasar Indiya suna da sunaye da yawa a kansa, suna sa wa 'ya'yansu mata. Wai a ƙasar Sin ma haka. Wai ma'anarsa tsarki, saboda yana fitowa daga laka amma laka ba ta taɓa shi. Wai ma'anarsa sabuwar rayuwa, saboda yana rufewa ya sake buɗewa. Wai mutanen Masar na da can suna zana shi a bango. Fuskarta sai haske take.

Na ce, "Ba su faɗi yadda ake cinsa ba?"

Ta duba ƙasa, ta duba sama. "Ban gani ba tukuna."

"To, ni dai in an tambaye ni ran suna, Bado zan ce."

Ta kife wayar a cinya. "Bado," ta maimaita a hankali, kamar mai ɗanɗana miya. "Yana da daɗi, Mama. Allah ya kai mu."

Ran suna na riga kowa tashi a gidanmu. Na daka, na sheƙe, na turara sau biyu yadda Inna ke yi. Abin da na ƙara kawai gishiri ne da ɗan man shanu. Warin ya cika ɗakin, sai da na dafa bango. Na zuba a langa mai murfi, na ɗaure da sabon ɗankwali, na rungume ta a cinya tun daga Roksi har Aras. Niyyata, in an faɗi sunan kira, in buɗe, kowa ya ɗanɗana ko loma ɗaya ce, in ce musu ga abin da mai sunan ta raya mu da shi. A zuciyata sadaka ce. Ban tsaya na tambayi kaina yadda abin zai zama a idon wani ba.

An kafa rumfa ta tare titi, an jera kujeru, raguna biyu a rataye. Maza sun riga sun yi addu'a an raɗa suna, an raba goro da dabino. Mata muna falon Hajiya, dangin miji duk cikin anko ruwan zuma, turare kamar ya kama maƙogwaro. A kan tebur ga shinkafa da nama, ga aceke, dambun rogon nan, da soyayyen kifi, ga waina. Ɗiyata na zaune a tsakiya da jaririya, ta sha lalle da gwal ɗin da suka sa mata.

"Uwar maijego," in ji Hajiya, tana dariya, "me kika ƙanƙame haka tun ɗazu kamar za a ƙwace? Kawo mu gani, ko wani daɗin kika ɓoye mana."

Ba haka na tsara ba. Amma ta riga ta miƙo hannu. Ta kwance ɗankwalin, ta ɗaga murfin. Warin ya fito ya ratsa turaren nan ya wuce. Wata ta kai gyale hanci.

"Wannan fa? Dambun mene ne haka baƙi-baƙi?"

A kusurwa akwai wata tsohuwa, gwaggon Hajiya, wadda aka ɗauko daga ƙauye shekarun baya don ta ƙare kwananta a nan. Ba ta cika magana ba. Ta ɗaga kai tana shinshina iska.

"Bado ne," ta ce.

"Bado?" wata daga cikin 'yan anko ta ce. "Ba shi ne ake cewa hatsin kwaɗi ba? Wanda ake ci da yunwa?"

Hajiya ta dube ni, ba da fushi ba, da mamaki, langar na hannunta.

"Ikon Allah. Uwar maijego, ku can wajenku ci kuka yi?"

Na dubi ɗiyata. Ba harara ta yi mini ba, da harara ce da na ji sauƙi. Idonta ne ya cika da tsoro, irin na ranar da na fara kai ta lakwal ta riƙe mini zane. Na ga yadda za a yi: yau za a yi shiru, gobe a ɗakin girki a fara, jibi in ta ƙara loma a ce a bar ta, gadon yunwa ne. Ni zan koma Ajame in rufe ƙofata. Ita a nan za ta kwana, a nan za ta tsufa.

Sai na ji bakina yana cewa, "A'a, Hajiya. Magani ne. Ana ba maijego don ruwan nono."

"Au, to! Ai sai ki faɗa!" Hajiya ta saki dariya, falon duka ya saki. "Ku mutanen da, ba ku rabo da magani. Wannan ko kwaɗon sai ya toshe hanci."

Tsohuwar nan ta miƙo hannu, ta yafuto kaɗan da yatsu uku, ta sa a baki. Ta daɗe tana mamulawa, idonta a kaina.

"Mu namu ba gishiri," ta ce.

"Gwaggo ta fara," in ji Hajiya. "Ku ba ta waina." Ta mayar da murfin, ta tura langar ƙarƙashin kujera da gefen ƙafa.

Kuma ba ta tauye mini haƙƙi ba. Bayan an ci an sha, ta tafa hannu ta ce a yi shiru.

"To, uwar maijego, mahaifiyarki ce ta dawo. Mu ba mu san ta ba, ke kika san ta. Da wane suna za mu riƙa kiranta?"

Duk suka juyo. An tambaye ni, a gaban kowa, yadda al'ada ta ce. Sunan na kan harshena, harafi huɗu, har na iya rubuta shi, don shi ne kalma ta farko da na roƙi malaminmu na karatun manya ya nuna mini bayan sunana. Amma yanzun nan na ce magani ne, yanzun nan aka gama dariyar kwaɗi. Ta ina zan ɗauko shi daga ƙarƙashin kujera in ɗora a kan jinjira? Na gyara gyale.

Ɗiyata ce ta cece ni, ko in ce ta cece mu.

"Hajiya, Mama kunya take ji. Mun riga mun yi magana da ita. Nilufar take so."

"Ni me?"

"Nilufar. Sunan fure ne, fari, mai tsarki. Yana cikin littattafan Larabci, babanta ya tambayi malam. Kakata mai son furanni ce ƙwarai."

Aka rangaɗa guɗa. Hajiya ta yi ta maimaitawa tana jin daɗi, ta ce ba kowa ke da irinsa ba a duk Tireshbil. Aka zo ana taya ni murna, wai ashe na iya zaɓe. Na ce alhamdu lillahi. Mai son furanni! Matar da ban taɓa ganin ta ɗaga ido ta dubi fure ba sai don ta gane inda ɗansa zai nitse.

Da la'asar na sunkuya na jawo langata, ba wanda ya lura. A Roksi motoci sun cushe, na sauka na ƙarasa da ƙafa, ina ratsa masu tebur da masu kiran fasinja, langar a kaina. Kwana uku ina cinsa ni kaɗai, kullum in sake turarawa. Ba zan yi ƙarya ba, ba shi da daɗi. Bai taɓa yin daɗi ba. Amma ban zubar da ko ƙwaya ba.

Na ci gaba da zuwa wanka har aka yi arba'in. Ba ta tayar da maganar ba, ni ma ban tayar ba. Sai ranar ƙarshe, ina naɗe tawul, ta ce ba tare da ta dube ni ba:

"Mama, ai fure ɗaya ne. Na duba sosai. Bado da nilufar abu ɗaya ne."

"Fure ɗaya ne."

"To, kin gani. Ba a canza komai ba."

"Yaushe kuka tambayi malam?"

Ta karɓi tawul ɗin daga hannuna. Sannan ta ce, "Washegarin da kika ba ni labarin." Wato tun kafin in ɗaga langa ta riga ta nemo mafita. Ban ga laifinta ba. Ni na koya mata. Ta dai fi ni iyawa ne: ni ɓoyewa na yi, ita ta sa wa abin riga.

Daga baya na tambayi malamin masallacinmu, wanda ya koya mana karatu, ko da gaske nilufar Larabci ne. Ya ce yana cikin littattafan magani na Larabawa, amma su ma aro suka yi daga mutanen gabas, Turawa kuma suka ara daga gare su suka ce nenufar. Ya ce suna ma bafatake ne, yana tafiya gari gari yana sauya riga. Na ce, waɗanda suka fara raɗa masa sunan, sun ci shi? Ya ce wannan kam Allah ne masani.

Yanzu yarinyar shekararta biyar. Nilu suke ce mata. Tana da goshin Inna, da yadda take tsuke baki in tana aiki. Ni Meme take ce mini, yadda yaran nan ke kiran kaka. Sau ɗaya, tana ƙarama, na goya ta muna kan baranda na kira ta Bado a hankali. 'Yar aikin gidan ta ji ta tambaya, ɗiyata ta ce waƙar ƙauye ce. Da dare ta yi mini waya ta ce, "Mama, don Allah." Ban ƙara ba.

Watan jiya na je Aras na tarar da ita a ƙasa da fensiran launi. An ce musu a lakwal kowa ya zana ma'anar sunansa. Ta ja layi shuɗi a tsakiyar takarda, ta ɗora fure babba a kai, ga rana tana dariya a sama. Ƙasan layin fari fat, ba komai.

"Meme, duba! Ni ce!"

Na ce ya yi kyau. Na ce amma ba ta gama ba. Na ɗauki baƙin fensir, na zauna kusa da ita. Hannuna bai saba da zane ba. Na jawo kara daga gindin furen zuwa ƙasa, na lanƙwasa wani, na yi masa dunƙule a baki. Gefe guda na fara zana ƙafafu biyu a tsaye cikin ruwan. Ina kan ta biyun ta fasa ihu, da Faransanci, wai na ɓata mata, wai wannan ƙazanta ce.

Uwarta ta fito daga ɗakin girki da ludayi a hannu. Ta dubi takardar. Ta gane, na ga ta gane. Ta dubi ƙofar falon Hajiya, ta dube ni.

"Mama, gobe za ta kai wa malamarsu."

Na ce a ba ni abin gogewa. Ni da kaina na goge, a hankali don kada takardar ta yage, yarinyar na tsaye a kaina tana jan hanci tana nuna mini inda ya rage. Na goge ɗan badon, na goge karan, na goge ƙafafun. Fensir ɗin na danna shi da yawa, sai da ya bar sawu a jikin takardar. Ta ɗauko shuɗi ta murje wurin duka har sawun ya ɓace, ta ɗaga tana dubawa, ta ce yanzu ya yi.

Sauran 'ya'yan badon suna nan cikin gwangwanin madara a ƙarƙashin gadona, ba su fi cikin tafi biyu ba. Ƙanwata ta ce kada in sake aiko mata, gwiwarta ba za ta ƙara shiga ruwan nan ba.